Ƙwarangwal biyu a kan benci: yinin da na yi a Hove

Sana'ata ɗaukar hoton ƙashi ce. Na shekara da shekaru ina ce wa mutane "ja numfashi, riƙe, kar ka motsa", sannan in laɓe bayan bango in danna maɓalli. Da asibitinmu ya tura ni wani ɗan kwas a Landan, malamar da ta ɗauke mu darasin kariya daga illar hasken eksire ba ta fara da lissafi ba. Fitila ta kashe, ta haska mana wani tsohon fim marar sauti da bai kai minti guda ba. Ajin ya kece da dariya. Da ta kunna fitila sai ta ce a 1897 aka yi shi, wanda ya yi shi kuma mutumin Hove ne, garin da ke tafiyar kamar awa ɗaya a jirgin ƙasa daga inda muke zaune. Ni kuwa dama ina ɗauke da saƙon yaji da kuka da yayata ta ɗora mini, ta ce in kai wa ɗiyarta da ke karatu a Brighton hannu da hannu. Ranar Asabar da sassafe na nufi tashar Victoria.

Yawancin mutanenmu ta ƙwallo suka san Brighton. Garuruwa ne biyu a bakin tekun kudancin Ingila da suka girma har suka haɗe, Brighton ta gabas, Hove ta yamma, kuma mutumin Hove ba ya son ka ce masa ɗan Brighton. Kafin jirgi ya kai ka sai ya kutsa ta ƙarƙashin tuddai, duhu ya rufe taga, ka ga fuskarka a gilashi maimakon gonaki. A cikin irin wannan duhun ne George Albert Smith, mutumin da na je nema, ya samu dabarar da masana tarihin fim suke yawan ambatonsa da ita. A lokacin akwai wani nau'in fim da ake yayi: a ɗaure kyamara a goshin jirgi, 'yan kallo su ji kamar su ne ke keta daji. Idan jirgin ya shiga ƙarƙashin dutse allo sai ya yi baƙi ƙirin, babu abin gani. A 1899 Smith ya ɗauki wani ɗan guntu da za a liƙa a daidai wannan gurbin. Miji da mata ne a ɗakin jirgi, kowa da abin karatunsa. Duhu na shigowa maigidan ya taso ya sumbaci matar, kafin haske ya dawo kowa ya koma ya natsu kamar ba a yi komai ba. Sunansa The Kiss in the Tunnel, kuma Smith ne da matarsa Laura Bayley suka fito a ciki. Jirgi ya shiga, ga abin da ya faru a ciki, jirgi ya fito: gutsure uku da aka ɗauka a wurare daban, amma ido ya karɓe su a matsayin tafiya guda. Yau ko yaron da ke haɗa bidiyo a wayarsa ya san wannan. A 1899 sabon abu ne.

Ɗiyar tawa ta tarye ni a tasha, ta durƙusa ta gaishe ni har wasu Turawa suna waiwaye, ta karɓi jakar. Da na faɗa mata abin da ya kawo ni ban da saƙo, sai ta riƙe baki.

"Kawu, duk abin gani a garin nan, fim ɗin da ba a magana za ka bi?"

Na ce ta dai yi mini jagora. Muka gangara bakin ruwa tukuna don in ce na gani. Babu rairayi, tsakuwa ce zalla, manya-manya, tana ƙara a ƙarƙashin takalmi, ga iska mai shiga ƙashi. Can cikin ruwa akwai ragowar wata tsohuwar gada ta shaƙatawa da gobara ta cinye a 2003, ƙarafuna kawai suka rage a tsaye. Ban daɗe ba na ce a tafi.

Gidan tarihin Hove yana kan New Church Road, tsohon gidan wani attajiri ne, a farfajiyarsa akwai wata ƙofar katako mai sassaƙa da aka yi wa bikin baje kolin ƙasashen mulkin mallaka na 1886 a Landan, aikin masassaƙan Indiya. Sashen fim ɗin bai da girma. Akwai tsofaffin majigi irin masu haska hoto daga gilashi, akwai kyamarori na katako da tagulla masu hannun juyawa, da ɗan wurin zama a kalli gajerun finafinan mutanen garin. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne yadda mutanen suka kasance 'yan tsiraru kuma maƙwabtan juna. Smith mai lambun shaƙatawa ne. James Williamson mai kemis ne. Alfred Darling injiniya ne da ke ƙera musu kyamara a Brighton. Daga baya wani marubucin tarihin fim Bafaranshe, Georges Sadoul, ya raɗa musu suna makarantar Brighton, duk da cewa biyun farko a Hove suke aiki. Ka ji abin da ke ɓata wa mutanen Hove rai.

Daga nan muka taka ta Church Road, titin da kemis ɗin Williamson yake a da. Mutumin Sukotilan ne, ya zo Hove a 1886, yana sayar da magani da sinadaran wanke hoto, har ya taɓa harkar hoton eksire da ta shigo. Ɗan uwana ne a sana'a ke nan, ta wani gefen. Fim ɗinsa da na fi so shi ne The Big Swallow na 1901. Wani mutum ne ya hango ana ɗaukarsa hoto, ransa ya ɓaci, yana ta ɗaga sanda yana masifa yana matsowa, yana matsowa, har bakinsa ya cika allo, ya hangame, ya haɗiye kyamarar da mai ita, ƙafafun mai ɗaukar hoton na ƙarshen shigewa. Sai ya ja da baya yana tauna yana lashe baki. Duk wanda aka taɓa nufa da waya a wurin biki ba da izininsa ba zai fahimci mutumin nan.

Lambun St Ann's Well shi ne ainihin inda na dosa. Yanzu wurin shan iska ne na gwamnati, tun 1908, da dogayen itatuwa da filin tanis da ɗan shagon shayi, kurege na kai da kawo ba ya tsoron kowa. Asalin sunansa daga wata maɓuɓɓuga ce mai ruwan ƙarfe-ƙarfe da mutane suke zuwa sha don neman lafiya. Smith ya karɓi hayar wurin a farkon shekarun 1890 ya mai da shi dandalin nishaɗi: gidan birai, 'yar duba, wani tsoho da aka ajiye a kogo wai mai gudun duniya, da tashin babban balan-balan. Shi kansa ba baƙon rufa-ido ba ne. Yana saurayi a 1882 sana'arsa hawa dandamali ya fitar da mutum daga hayyacinsa, kuma shi da wani abokinsa Douglas Blackburn suna nuna wai ɗaya na karanta tunanin ɗaya. Har wata ƙungiyar masu binciken abubuwan gaibu a Landan ta gaskata su, Smith ya zama sakataren ɗaya daga jagororinta, Edmund Gurney. Bayan shekaru Blackburn ya fito ya ce duk damfara ce suka shirya. Smith ya musa, kuma bai janye ba har ya mutu. Wannan ne mutumin da ya sayi kyamara, ya mai da ɗakin famfon maɓuɓɓugar wurin wanke fim a 1897, daga baya ya gina ɗakin ɗaukar fim na gilashi a lambun don ya ci moriyar hasken rana.

Muka samu benci muka zauna, ta nemo mini fim ɗin da malamarmu ta haska mana a wayarta. The X-Rays sunansa. Wani mai gemu-gemu da 'yar hula, Tom Green, ɗan wasan barkwanci na Brighton, yana zaune kusa da wata mata mai riƙe da laima, Laura Bayley ce. Yana ta rarrashi, yana kama hannu, ita tana yauƙi. Sai ga wani ya leƙo daga gefe da akwati an rubuta sunan hasken eksire ɓaro-ɓaro a jikinsa, ya saita su, ya cire murfi. Nan take mutum biyun suka koma ƙwarangwal, kuma ba su sani ba. Zancensu suke ci gaba da yi, ƙashi yana lallashin ƙashi. Mai akwati ya mai da murfi ya yi gaba, naman jikinsu da tufafi suka dawo, matar ta fusata da wani abu da gogan ya yi, ta tashi ta bar shi. Shi ke nan.

Yadda aka yi shi ba wani boka ba ne. A tsayar da kyamara, 'yan wasa su saka baƙaƙen kaya masu zanen ƙashi da fari, su koma mazauninsu, a ci gaba da juyawa. Georges Méliès na Faransa ne ya shahara da wannan dabara. Amma ni abin da ya sa na ce ta maimaita mini shi ne laimar. Da hasken ya sauka, ƙyallen laimar ya ɓace, ƙarafunanta kawai suka rage a hannun ƙwarangwal. Na ce mata duk fim ɗin nan babu abin da ya kai wannan gaskiya. Haƙarƙarin zane ne na wanda bai taɓa ƙirga haƙarƙari ba, akwatin kuma shirme ne, don hasken eksire ba ya aiki sai an sa faranti a bayan mutum. Laimar kuwa daidai take: tufa ba ta tare hasken, ƙarfe yana tare shi. Shi ya sa kullum muke fama da mata a cire sarƙa da fil ɗin ɗankwali kafin hoton ƙirji. Wani a cikin masu shirya fim ɗin ya kalli hoton eksire na gaske da idon basira.

Ba abin mamaki ba ne, don lokacin duniya ta ruɗe da shi. Wilhelm Röntgen ya gano hasken a garin Würzburg na Jamus ranar 8 ga Nuwamba 1895. Hoton da ya zagaya duniya na hannun matarsa Anna Bertha ne, ƙasusuwan yatsu da zoben aure a maƙale. Ranar 28 ga Disamba ya miƙa rahoton bincikensa, kuma a wannan ranar ce 'yan uwan nan biyu Auguste da Louis Lumière suka fara nuna fim ga masu biyan kuɗi a wani gidan shan gahawa a Faris. Tagwaye ne ke nan, fim da eksire, kuma a farkon rayuwarsu tare ake yawo da su wuraren baje koli a matsayin abin al'ajabi. Jaridu suka yi ta zanen barkwanci a kan cewa yanzu babu sauran sutura, kowa zai ga cikin rigar kowa. Tsoron da mutane suka ji ke nan, tsoron tonon silili. Tsoron da ya kamata su ji bai zo musu ba sai da aka fara ƙonewa. Clarence Dally, mai taimaka wa Thomas Edison a Amurka, da hannunsa yake gwada hasken. Aka yanke masa hannu biyun, ya mutu a 1904, Edison ya wanke hannunsa daga binciken. Shi ya sa malamarmu ta fara da fim ɗin. Mai akwatin nan babu rigar dalma a jikinsa, kuma a 1897 likitocin gaske ma haka suke.

Ƙofar lambun tana fita kan wani titi mai suna Furze Hill, inda aka ɗauki As Seen Through a Telescope a 1900. Wani dattijo ne da madubin hangen nesa, irin wanda za ka ɗauka taurari yake nazari. Sai ya hango saurayi da budurwa da keke can ƙasan titi. Fim ɗin ya yanke, ya nuna mana abin da tsohon yake gani, a cikin da'ira baƙi kewaye: ƙafar budurwar a kan feda, saurayin yana ɗaure mata igiyar takalmi, tana ɗan ɗage bakin siket. Aka dawo kan tsoho yana murmushin mugunta. Masoyan suka iso, saurayin ya kai masa duka ya kifar da shi. Na tsaya a titin ina duban gangaren, motoci a jere gefe da gefe, ina ƙoƙarin gane inda tsohon ya zauna, ɗiyar tawa tana ta kallon agogo.

A nan ne abin ya haɗu mini. Jera su ka gani: akwatin eksire, madubin hangen nesa, duhun jirgi. Har da wani na shekarar 1900 ɗin, Grandma's Reading Glass, inda yaro ya ɗauki gilashin karatun kakarsa yana duba cikin agogo, da tsuntsu a keji, da kyanwa, da ƙwayar idon kakar tana juyawa ta cika allo. Duk na'urar da kimiyya ta kawo, abin da mutanen nan suka fara tambaya shi ne: wa za mu leƙa da ita? Amsar kuma kusan kullum masoya ce. Kamar dai ƙannen budurwa ne da ke laɓewa bayan ƙyauren zaure idan saurayi ya zo zance, sai dai su waɗannan sun samu gilashi da lantarki. Kuma daga wannan sa-idon ne fim ya koyi magana. Kafin nan kyamara a tsaye take daga nesa kamar mai kallon dandamali. Don a nuna maka abin da mai leƙe yake gani dole a yanke, a jawo abu kusa, a sake komawa kan fuskarsa. Madubin tsohon uzuri ne kawai da aka ba 'yan kallo don kada su ruɗe su ce me ya sa ƙafa ta zama ƙatuwa. Bayan 'yan shekaru aka daina ba da uzurin. A ganina ba zurfin tunani ne ya haifi wannan fasaha ba, son gulma ne, kuma ban ga abin kunya a faɗin haka ba. Abin da ya burge ni shi ne sun san da laifin: tsoho mai madubi ya sha duka, mai kyamarar Williamson an haɗiye shi. Ɗan kallo ya leƙa tare da su, sannan ya yi dariyar hukuncin da aka yi wa wani a madadinsa.

Ba Hove kaɗai ba ce. Méliès yana da wani na 1907 a kan husufi, inda shehin malamin taurari yake duban sama da madubi, rana da wata masu fuskar mutane suna kashe wa juna ido suna lasar leɓe har ɗaya ya shige bayan ɗaya, malamin ya zura jiki ta taga don ya ƙara gani, ya faɗo cikin gangar ruwa. Walter Booth na Landan kuma a 1911 ya ɗora ango da amarya a motar da mutum-mutumin inji ke tuƙawa, ya kai su yawon amarci har kan zoben duniyar Zuhal (Saturn) da ƙarƙashin teku.

Ɗiyar tawa, wadda da farko take ja da baya, ita ce ta ɗauki zafi daga ƙarshe.

"Kawu, tun safe Smith, Smith. Matar nan fa ita ce ke ba da dariyar."

Da gaskiyarta. Laura Bayley ƙwararriyar 'yar wasan dandamali ce tun kafin fim, ita da 'yan uwanta mata suna wasa a Brighton, ta auri Smith a 1888. Masu bincike suna ganin ta ɗauki wasu finafinan da kanta. Muka kalli Mary Jane's Mishap na 1903, inda ta fito a 'yar aiki. Tana goge takalmi ta shafa wa kanta baƙin mai a leɓe kamar gashin baki, ta duba madubi, abin ya ba ta dariya. Murhu ya ƙi kamawa, ta ɗauko galan ɗin kananzir, ta dubi kyamara ta kashe mana ido ɗaya, ta tuttula. Wuta ta yi sama da ita ta bututun hayaƙi. Daga baya fatalwarta ta fito daga kabari, ba don komai ba sai don ta ɗauki galan ɗinta ta koma. A nan babu madubi babu gilashi, kyamara kawai ta matso fuskarta saboda fuskar ta cancanci a matso. Na yi dariya, amma rabin raina yana sashen masu ƙuna na asibitinmu, inda wannan wasan ba wasa ba ne. Ita kuwa yarinyar sai cewa take da yau ne da matar nan ta fi mijin suna. Na ce ai ko a lokacin fuskarta aka sani, ba tasa ba. Suna ne ba a rubutawa a allo. Ba ta gamsu ba.

Barkwancin bai daɗe ba. Smith ya koma neman yadda fim zai fito da launi, da kuɗin wani Ba'amurke mazaunin Landan, Charles Urban. A 1906 ya yi rajistar fasahar da aka sa wa suna Kinemacolor: fim ɗin baƙi da fari ne, amma ana ɗaukarsa ana kuma haska shi ta wani faifai mai juyawa, ja da kore, da saurin da ido zai gauraya su. Ta yi tashe, har aka ɗauki babban taron sarautar da aka yi wa Sarki George na Biyar a Delhi a 1911 da ita. Aibinta shi ne abu mai saurin motsi yakan fito da gefe ja da gefe kore. Wata ƙara da ɓangaren William Friese-Greene, wani mai tasa fasahar fim mai launi, ya shigar ta sa kotu ta soke rajistar a 1914, harkar ta durƙushe. Williamson ma ya bar shirya fim ya koma ƙera kayan aiki. Laura ta rasu a 1938. Smith ya yi tsawon rai, aka manta da shi, sai a ƙarshen shekarun 1940 masana suka nemo shi; ya mutu a Brighton a 1959 yana da shekara 95.

Muka yi la'asar a ɗakinta, ta dafa mini shinkafa, sannan ta ce akwai abu ɗaya da ya rage kafin tasha. Gidan sinima ne mai suna Duke of York's a Preston Circus, an buɗe shi a 1910, yana cikin mafiya tsufa a Ingila da har yau ake kallo a ciki. Gini ne mai kyan fuska irin na da. A kan rufinsa kuma an kafa wasu ƙattin ƙafafun mace guda biyu da safa mai ratsi-ratsi, suna harbin sama. Ta ciro waya.

"Kawu, tsaya nan daidai in ɗauke ka."

Na ɗaga kai na dubi ƙafafun, na tuna cewa uwarta ce ke riƙe da zauren WhatsApp na danginmu. Na ce ta ɗauki ginin shi kaɗai, ni zan jira ta a tsallaken titi.